Hannun da Ke Rabon Ƙwallo: Musayar Waƙa Kan Fatima Zahra Ukazi

Koci Mai-Usur

Assalamu alaikum, 'yan ƙwallon raga. Yau zancenmu Fatima Zahra Ukazi ce, tsohuwar mai ɗaga ƙwallo ta tawagar matan Aljeriya. Na ɗora amsa-amon "ya". Duk mai baiti ya zo da shi, amma ya haɗo da awo da hujja.

Bismillahi na ɗauki alƙalami,
Zan yi batun raga, in sa masa ilimi,
Kowa ya matso, ɗalibi da malami,
Mu waƙe gwanar matan Aljeriya.

A garin Shalaf aka haifi Fatima,
Shekarar 1984, ba tantama,
Ukazi mai ɗaga ƙwallo zuwa sama,
Ita ce mai rabo a can tsakiya.

Taɓi uku doka ta bai wa kowa,
Na farko tarba, na uku makawa,
Na biyu nata ne, shi ne ɗagawa,
In ya karkace kowa ya sha wuya.

Olamfik 2008, Beijin, tana tawaga,
Bayan a Bilida sun ci tikitin shiga,
2012 a Landan suka sake ɗaga
Tutar Afirka a gaban duniya.

Gwaggon Raga

Wa alaikumus salam, Malam Koci. Ka kawo mai ɗagawa, ba ka auna mana gonar da take nomawa ba.

Mita 18 tsawon fili yake,
Faɗinsa 9, raga tsakiya take,
Ta mata 2.24 ce a miƙe,
Ta maza 2.43, ba na ƙarya.

Layin mita 3 ya raba gida,
Uku a gaba, uku a baya, su shida,
In sun ƙwace sabis, doka ta tanada
Su bi hannun agogo, kowa ta juya.

Juyi uku mai ɗagawa na baya, nesa da raga,
Sai an doki sabis sannan ta ruga,
In ta bar gurbi da wuri, alƙali ya ɗaga
Hannu, maki ya tafi ga 'yan hamayya.

A gaba, tsakanin gurbin dama da na tsakiya, biyu da uku,
Nan za ta tsaya, ku lura da kanku,
Raga a damanta, ta fuskanci hagunku,
Ƙafar dama gaba, ta hagu baya.

Daga baya ta zo? Shinge ba nata ba ne,
Duka daga saman raga ma laifi ne,
Shi ya sa juyi ukun gaba daban ne,
Can tana iya jefa ta biyun, ba tambaya.

Ɗan-Layi

Gwaggo ta auna fili. Ga abin da idon alƙali ke nema a yatsu.

Giram 260 zuwa 280 ne nauyinta,
Amma yatsan da ya saki zai yi jinya.

Hannu biyu bisa goshi, yatsu a buɗe,
Manyan yatsu da manuniya su yi ƙwarya.

Tafi ba ya taɓa ta, yatsu ke aiki,
Ƙarfin daga gwiwa yake, ya hau ta cinya.

In hannu ɗaya ya riga ɗan'uwansa,
Taɓi biyu ke nan, usur ba ya kunya.

In ta zauna a hannu ko da ƙiftawa,
Riƙo ne, alƙali ba ya jin magiya.

Tushen laifi biyun ƙafa ce ta makara,
A shiga ƙarƙashin ƙwallo tukun, shi ne gaskiya.

Gwana kuwa jikinta ɗaya ne a kowane rabo,
Mai shinge ta kasa gane gaba ne ko baya.

'Yar Libero

Kawu, kun yabi hannu, kun mance da mai kai masa ƙwallo.

Mai ɗagawa ba ta girki sai da cefane,
Tarbar farko kowa ya san tushe ne,
Ku tuna Nawal Mansuri, sai ku gane,
Libero ce, 'yar garin Bijaya.

Rigarta daban, kalarta a ware,
Damatsa haɗe, gwiwar hannu a ɗaure,
Ba ta wurga hannu, da ƙafa za ta tare,
Ta karkata kafaɗa, ƙwallo ta yi biyayya.

In ta ɗaga da yatsu a gaban layi,
Aka doka ta saman raga, kuskure an yi,
Sabis da shinge ba ta cikin masu yi,
Nata share ƙasa kamar tsintsiya.

In ƙwallo ta sauka inda ake so,
Hanya uku ce, Ukazi ta bi wadda ta so,
Gajeriya ga Lidiya Ulmu, mai bugun tsakiya, in ta taso,
Ko doguwa gefe, ko ta cilla baya.

In ta kauce mita 3, an ɓata shiri,
Bugun tsakiya ya mutu tun da wuri,
Sai doguwa gefe, kowa ya san sirri,
Mata biyu sun yi shinge, ina hanya?

Koci Mai-Usur

Kin yi gaskiya, 'yata. Tawagar ce ta ci, ga kuma abin da ta ci a zamanin Ukazi.

2007 a gida, Wasannin Afirka,
Aka rataya musu zinare, barka,
2009 a Bilida kofin nahiya suka ɗauka,
Wasannin Afirka na Maputo 2011 suka sake, ba jayayya.

Kofin nahiya a Nairobi sau biyu ya kuɓuce musu,
2007 da 2011 azurfa ce tasu,
Masu masauki suka sha gabansu,
Ba a raina raga a hannun 'yan Kenya.

Kulob ɗinta kuma, GS Pétroliers na birnin Aljiyas, wanda kamfanin mai na Sonatrach ya ɗauki nauyinsa, shi ya lashe kofin kulob-kulob na matan Afirka a 2014.

Dogo Mai-Shinge

Yaya Koci, zinaren gida na ji shi,
Amma Olamfik wasa 10, ba su ci ko ɗaya.

A Beijin an haɗa su da Barazil mai zinare,
Ga Rasha, ga Sabiya, ga kuma Italiya.

Ni na ce tsawo ne: in mai ɗagawa na gaba,
Ta kanta ake bi, shingenta ba ya kariya.

Gamoba ta Rasha mita 2.02 ce,
Ta saman hannuwa take sauke kaya.

Gwaggon Raga

Ɗana Dogo, tsawo na da rana,
Amma Takeshita ta Japan ka tuna,
Mai ɗagawa ce, 1.59, je ka auna,
Ta bar Landan da tagulla a wuya.

Ran 30 ga Yuli a Landan, da masu masauki,
Har dare ya raba ana kan aiki,
Turmi na 1 da na 3 Aljeriya ta fi maki,
Na 5 ya kuɓuce, 3 da 2, Birtaniya.

Turmi na biyar maki 15 ne kawai,
A kan 8 a canja gefe daidai,
Kuskure uku a jere ya isa sosai,
Nan ake gane wadda ta saba da gajiya.

Abin da ya rage musu, a nawa gani,
Karo da manya ne, damina da rani,
Sabis mai lilo ba ya jin magani,
Sai idon da ya saba da shi tun jiya.

Mai-Bandeji

Iyayena, kun bar jiki a baya, alhali shi ke ɗaukar duk wannan.

Daga Beijin zuwa Landan shekara 4 ce,
Ba a kai ta sai gwiwa da yatsu na lafiya.

Idon sawu ke fara lalacewa a gindin raga,
A dira kan ƙafar wata, ya murɗe kamar igiya.

Ƙanƙara a tsumma, minti 15 zuwa 20,
A naɗe, a ɗaga ƙafar ta fi tsayin zuciya.

Yatsan da ya bugu a ɗaure shi da maƙwabcinsa,
In ya karkace sai hoto, ban da ja da ƙarfin tsiya.

Zogi a ƙasan ƙoƙon gwiwa na yawan tsalle ne,
A rage tsallen, a dira da ƙafa biyu, a gina cinya.

'Yar Libero

Gwaggo, sabis ɗin nan mai lilo da kika ambata, ga yadda yake da yadda ake tarbarsa.

Tafi a ƙage ya daki tsakiyar ƙwallo,
Ba ta wulwulawa, iska ke sa ta lilo,
Mai tarba kar ta tsaya tana kallo,
Ƙafa ta fara, hannu ya haɗu daga baya.

Tsakanin 'yan tarba biyu ake aunawa,
Kowa ta zaci 'yar'uwarta ke zuwa,
Tun ba ta haye raga ba a ce "Tawa!"
Da ƙarfi, har mai ɗagawa ta ji murya.