Neman shawara: yayana yana ganin shi ya kashe mahaifinmu

Assalamu alaikum, 'yan uwa. Ranar 4 ga Fabrairun 2015, da 'yan Boko Haram suka afka wa garin Fotokol da ke arewacin Kamaru da asuba, yayana yana gida da ƙananan 'ya'yansa biyu da mahaifinmu, wanda shanyewar ɓarin jiki ta kwantar. Ya goya ɗaya, ya saɓa ɗaya a kafaɗa, ya fita da niyyar dawowa, amma da aka koma sai gawar Baba aka tarar a bakin zaure. Yanzu yana Kusiri, barci ya ƙaurace masa, kuma kullum tambayarsa ita ce ko akwai kaffara a kansa. Me zan ce masa?

Malami daga Marwa: Wa alaikumus salam, ɗana. Allah Ya jiƙan mahaifinku. Malamai sun bambanta wanda ya kashe wani don ya tsira, abin da tilas ba ta halatta shi, da wanda ya kasa ceto domin hannunsa biyu ne kawai. Yayanku yana cikin na biyu, don haka a fahimtata babu diyya ko kaffara a kansa. Jinin yana wuyan waɗanda suka harba. Ka karanta masa ƙarshen Suratul Baƙara, inda Allah Ya ce ba Ya ɗora wa rai sai abin da zai iya.

Hajiya daga Njamena: Allah gafarta Malam, hukuncin daidai ne, sai dai ban ga fatawa kaɗai tana sa mutum barci ba. A nan Chadi, zamanin mulkin shugaba Hissène Habré, daga 1982 zuwa 1990, an tilasta wa Clément Abaifouta binne gawarwakin 'yan uwansa fursunoni, ya rayu da abin shekaru har ya tsaya ya ba da shaida a Dakar, inda aka yanke wa Habré ɗaurin rai da rai a 2016. Irin waɗannan mutane mai saurare suke nema. Ɗana, ku daina ce wa yayanku ya manta, domin kunnensa yana jin kamar kuna cewa Baba bai kai a tuna da shi ba. Ku bar shi ya ba da labarin daren tun daga farko, ko da zai yi kuka a gaban yaran da ya ɗauko.

Ma'aikacin jinya daga Mora: Ina tare da Hajiya. Amma idan ya fara ƙin abinci ko yana ambaton gara ya bi Baba, kada ku jira, ku kai shi wurin likitan ƙwaƙwalwa a ranar, kuma kada a bar shi ya kwana shi kaɗai.