Kango, lambatu da duhu a unguwar awon igiya: ƙofar wa za mu ƙwanƙwasa kafin zaɓe?

Ɗan Layin Masallaci:

Assalamu alaikum. 'Yan uwa, ina neman shawarar waɗanda suka san harkar ƙaramar hukuma da ta gini. Unguwa ce ta awon igiya a gefen birnin Kano, gida kusan 200, layi shida. Abu uku ne suka addabe ta. Babu lambatun da ya haɗe daga farko har ƙarshe, kowa ya gina na ƙofar gidansa, shi ya sa da ruwan Agusta ya sauka sai ya afka gidajen da ke gangare. Sannan akwai wani kango mai ɗaki huɗu da aka bari ba rufi, nan matasa ke taruwa shaye-shaye, daga nan kuma ake fitowa ƙwacen waya bayan isha'i. Na uku shi ne duhu. An kafa kwamitin unguwa, an fara tara kuɗi, 'yan siyasa kuma sun fara leƙowa. Wanne ne aikin kansila, wanne ne na jiha, wanne ne za mu yi da hannunmu? Kuma me ya kamata mu nema wurin masu neman ƙuri'a?

Tsohon Akawu:

Wa alaikumus salam. Malam, ku fara da sanin cewa abu ukun nan ba ƙofa ɗaya suke bi ba. Jadawali na huɗu na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ɗora wa ƙaramar hukuma gini da kula da titunan unguwa, fitilun kan titi, magudanan ruwa, kwashe shara, da sa wa layuka suna da gidaje lamba. To lambatu da fitila haƙƙinku ne a sakatariyar ƙaramar hukuma. Amma kansilan mazaɓa ba ya riƙe da asusu. Ɗan majalisa ne, aikinsa ya kai kukanku zaure, ya matsa a sa aikin cikin kasafin kuɗi. Masu fitar da aiki su ne ciyaman, kansila mai gafaka na ayyuka, da shugaban sashen ayyuka. Idan kuka tsare kansila shi kaɗai, abin da za ku samu shi ne buhun siminti goma daga aljihunsa, a ɗau hoto, a watse.

Kango kuma maganar ƙasa ce. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta sa filayen birni a hannun gwamna, don haka ciyaman ba shi da ikon ƙwace fili ko rushe gini a ƙwaryar Kano. Izinin gini da ginin da ya tare hanyar ruwa na KNUPDA ne, wato hukumar tsara birane ta jihar Kano, takardun fili na ma'aikatar ƙasa ta jiha. Idan shara ce ta yi tudu a bakin babbar magudana, REMASAB, hukumar kwashe shara ta jiha, za ku nema. 'Yan sanda kuwa na tarayya ne, ciyaman roƙo yake yi wurinsu kamar yadda kuke yi.

Takardar koke kada ta wuce shafi ɗaya: sunan layi, tsawon lambatun da ake buƙata da mita, yawan gidajen da ruwa ke shiga, hoto uku ko huɗu na ranar ruwa. Mai unguwa ya sa hannu, dagaci ya buga hatimi, in da hali hakimi ya rattaba a kai. Ku kai kwafi biyu, a buga muku hatimin karɓa da kwanan wata a kan naku. Takardar da ba ta da wannan hatimi, ranar da kuka koma bibiya za a ce ba a gan ta ba. Kuma ku kai ta tun wajen watan Agusta ko Satumba, lokacin da ake haɗa kasafin shekara mai zuwa. Wanda ya kai a watan Maris, amsarsa ita ce ba ya cikin kasafi.

Oga Magini:

Gaskiya ne Yallaɓai, amma kafin kasafi ya fito wata damina ta sake zuwa. Lambatun layi abu ne da gida 200 za su iya, in an bi ƙa'ida.

Abin da ke kashe lambatun unguwa shi ne kowa ya haƙa nasa da lebur ɗinsa. Wannan ya ɗaga ƙofar gida, wancan ya nutsa, ruwa ya tsaya a tsakani ya zama gidan sauro. Daga mafita ake farawa, wato inda ruwan zai faɗa, babbar magudana ko kwalbati ko kududdufi, sannan a yi sama da aikin. Ku samu tiyo siriri mai haske, mita 20 ko 30, ku cika shi da ruwa, ku bi layin kuna sa alama a jikin katanga daidai inda ruwan ya tsaya a bakunan tiyon biyu, don ku gane tudu da gangare. Gangaren da ake so santimita ɗaya a kowace mita, wato mita 100 ta sauka da mita ɗaya. In ƙasar shimfiɗaɗɗiya ce, rabin haka zai yi, amma kada a gaza nan, don yashi zai kwanta ya toshe.

Ga layin gidaje, faɗin ciki santimita 60 da zurfin bulo uku ya wadatar. A daddaɓe ƙasa da kyau, a zuba kankare mai kaurin santimita 10, haɗin ɗaya, biyu, huɗu: siminti ɗaya, yashi biyu, tsakuwa huɗu. Bango da bulo mai inci 9, a cike ramukansa da kankare, a yi filasta ta ciki. Lissafin mita 100: bulo kamar 1,300, simintin daɓen ƙasa kaɗai wajen buhu 65, ban da na ɗora bulo, cikawa da filasta, waɗanda su ma za su ci fiye da haka in aka haɗa su. Ban sa farashi ba don siminti ba ya kwana a kuɗi ɗaya, ku tambaya ranar da za ku saya. Inda mota ke hawa, murfin ya zama kaurin santimita 15 da rodi mai milimita 12, a jera shi tazarar santimita 15 ta kowane ɓangare. A riƙa ba kankaren ruwa safe da yamma kwana bakwai. Mutane na raina wannan, alhali shi ne bambancin murfin da zai shekara 20 da wanda tifa za ta karya a wata na farko.

Kada a rufe lambatun gaba ɗaya. Kowace mita uku a bar murfin da mutum biyu za su iya ɗagawa, don yasa. Kuma a hana jona bututun masai a ciki, na ruwan wanka da na sama ne kawai. Ranar tsaftar muhalli ta Asabar ɗin ƙarshen wata ta isa yasa, sai dai a kwashe abin da aka fitar a ranar. In aka tara shi a gefe, ruwan farko zai mayar da shi inda ya fito.

Fitila kuma, mai sola ta haɗe-da-komai, wato faifan sola da batir da fitila a jiki ɗaya, ita ce mai sauƙi. Turke mita shida, tazara mita 25 zuwa 30. Kada ku kula da wat ɗin da aka rubuta a kwali, ku tambayi girman batir, ku sayi guda ɗaya ku gwada ta dare uku ku ga ko tana kaiwa asuba. A walde ta a jikin turke. Da hunturu a goge ƙurar faifan duk sati biyu, don sau da yawa fitilar da aka ce ta mutu ƙura ce ta rufe ta.

Tsohon Akawu:

Oga, ban ƙi ta taka ba, amma akwai tarko. Idan mafitar ruwan ta bi ta filin wani, ko ta faɗa unguwar ƙasa da ku, an sayi rigima. Kududdufan da a da suke shanye ruwan Kano da yawa an cike su an yi gini, wanda ya rage ma wataƙila yana da mai shi a takarda. Kafin a sa diga a ƙasa, injiniyan ƙaramar hukuma ya zo ya ga mafitar, a samu amincewarsa a rubuce. Kwalbatin da zai tsallaka babban titi kuwa kada kwamiti ya taɓa shi ko kaɗan, wannan shi ne abin da za ku ɗora wa gwamnati.

Baba Na Sintiri:

Ɗana, maganar kango a bi ta a hankali. Komai lalacewarsa dukiyar wani ce. Ba ku da ikon rushe shi, ko ƙona shi, ko sa wani a ciki. Mai unguwa ya san wanda ya sayar da filin da wanda ya saya, domin a awon igiya da wuya a yi ciniki ba da saninsa ba. Galibin irin waɗannan kangaye, ko mai shi ya rasu ba a raba gado ba, ko kuɗi ya yanke masa. Ku nemi shi ko magadansa, ku roƙi izini a rubuce na toshe ƙofofi da tagogi da bulo har sama, a sare ciyawa, a kafa fitila ɗaya tana haska gabansa. Bulo 150 zuwa 200 yakan isa kango mai ɗaki huɗu. In sun ƙi, sai mai unguwa da dagaci su rubuta wa DPO da KNUPDA cewa wurin ya zama barazana. In gado ne ya maƙale, kotun shari'a ce ke raba shi, kuma ɗaya daga cikin magada ne zai kai, ba ku ba.

Sintiri kuma yana da iyaka. Doka ta yarda mutum ya kama wanda ya aikata laifi a gabansa, amma ya miƙa shi ga 'yan sanda nan take. Ba duka, ba aske kai, ba ɗaurewa a turke har safe. Ranar da yaro ya mutu a hannun 'yan sintiri, shugaban kwamiti ne zai fara kwana a caji ofis. Ku kai wa DPO sunaye da hotunan duk wanda zai yi sintiri, kowannensu da mai tsaya masa a unguwa. Mutum huɗu a dare, bibbiyu, da tocila, usur da riga mai ɗaukar ido. Littafi ɗaya a ajiye ana rubuta abin da ya faru da lokacinsa. Ku sa wakili a kwamitin hulɗar 'yan sanda da jama'a na ofishin yankinku, a nan ake jin kukan unguwa. Mai sayar da ƙwaya kuwa kada ku tunkare shi, NDLEA, hukumar yaƙi da miyagun ƙwayoyi, ake kai wa labari, kuma mutum ɗaya ko biyu kawai su san wanda ya kai.

Abin da ke rusa sintiri shi ne albashi. Wata uku na farko kowa na biya, daga nan sai a fara ɓuya wa mai karɓa. Ɗan sintirin da ya yi wata biyu ba a biya shi ba, shi ne zai fara kau da kai. Kada kuma ku yarda ɗan takara ya ɗauki nauyinsu, don ranar zaɓe nasa ne ba naku ba.

Hajiya Mai Rajista:

Duk kun yi bayani, amma akwai tambayar da ba a yi ba: cikin gida 200 ɗin nan, mutum nawa ne katin zaɓensu yake na akwatin unguwar? A sababbin unguwanni za ka tarar magidanci ya shekara goma a wurin, amma ranar zaɓe yana Dala ko Gwale ko cikin Birni, inda aka haife shi. Ɗan siyasa ba gidaje yake ƙirgawa ba, sakamakon akwati yake dubawa. Unguwar da akwatinta ke fitar da ƙuri'a 80 ba za ta sami kwalbati ba, ko da mutum dubu ne ke kwana a cikinta.

Don haka aikin farko na kwamiti shi ne bi gida gida da littafi, mata su shiga wurin mata. A rubuta masu kati a nan, masu kati a wani wuri, da waɗanda suka kai 18 ba su yi rajista ba. Idan INEC ta buɗe rajista, sauya wurin zaɓe kyauta ne, a ofishinta na ƙaramar hukuma ko a fara ta intanet. Wanda yake da kati kada ya sake sabuwar rajista, laifi ne, sauyi zai nema. Ana rufewa watanni kafin zaɓe, kada a jira. A 2021 INEC ta ƙara rumfunan zaɓe daga 119,974 zuwa 176,846, kuma da yawa daga cikin sababbin mutanensu kaɗan ne, to ku bincika ko akwai ɗaya kusa da ku.

Ku kuma bambance zaɓukan. Na ciyaman da kansila hukumar zaɓe ta jiha, KANSIEC, ce ke yi, da rajistar INEC. A wanda aka yi ranar 26 ga Oktoba 2024, NNPP ce ta ɗauke kujerun ciyaman 44 da na kansila 484 gaba ɗaya, kuma haka abin yake a yawancin jihohi, jam'iyyar gwamna ke kwashewa. Ma'ana, kansila a wurin tsayar da ɗan takara ake yin sa, sai ku sa ido kan shugabannin jam'iyya na mazaɓa tun kafin a fitar da suna. Inda ƙuri'arku ke da nauyi sosai shi ne ɗan majalisar jiha da na tarayya, kuma su ne masu ayyukan mazaɓu. Hukuncin Kotun Ƙoli na 11 ga Yuli 2024 ya ce a riƙa ba ƙananan hukumomi kuɗinsu kai tsaye, don haka kuna da hujjar tambayar ciyaman nawa ya shigo da inda ya tafi.

Idan ɗan takara ya zo, kada a ce masa a taimaka mana. A miƙa masa takarda: kwalbati ɗaya a wuri kaza, turken fitila 24, ga lissafin magini. Duk wanda ya zo, takarda iri ɗaya, a gaban mai unguwa da liman. Kwamiti kada ya ɗaga hannun kowa, in ya yi haka rabin unguwa za su daina biyan kuɗin wata.

Ɗan Layin Masallaci:

Allah ya saka da alheri. Saura abu ɗaya. Kusan rabin gidajen 'yan haya ne a ciki, wasu masu gidan ma ba a garin suke ba. Wa zai biya?

Hajiya Mai Rajista:

A kasa kuɗin kashi biyu. Lambatu da turken fitila gini ne da zai zauna ya ƙara wa gida daraja, na mai gida ne, a lissafa masa gwargwadon tsawon fuskar gidansa da mita. Sintiri da gyaran fitila na wanda ke kwana a unguwar ne, kowane magidanci, mai gida ko ɗan haya. In mai gida yana nesa, a kira shi ko wakilinsa, ya yarda a rubuce ɗan haya ya biya a cire daga kuɗin hayar shekara, a ba shi rasit mai sa hannun ma'aji da sakatare. Kuma a ba 'yan haya kujera biyu aƙalla a kwamitin, domin su ne suka fi yawan katin da ke buƙatar sauyi. Kuɗin a buɗe masa asusun banki da sa hannun mutum uku, biyu su isa cirewa, a liƙa lissafin kowane wata a ƙofar masallaci.