Kalandar duniya mai wata biyu: lissafin ya ƙi zama

Marubuciya, Jos:
Assalamu alaikum. Ina rubuta labarin almara a wata duniya mai wata biyu a sama, Farin Wata da Jan Wata. Farin yana cika duk kwana 30, Jan kuma duk kwana 42. Shekararsu, daga damina zuwa damina, kwana 370 ce. Na tsara cewa kowace shekara da kaka watannin biyu za su cika a dare ɗaya, a yi bikin buɗe ƙofar aljanu. Amma da na zauna da biro da takarda, ranakun sun ƙi haɗuwa. Ina kuskuren yake? Kuma kwana goman da ke saura bayan wata 12, ina zan kai su?

Malamin lissafi, Unguwar Rogo:
Wa alaikumus salam, Malama. Lissafinki daidai ne, tsarin bikin ne ba zai yiwu ba. Ki nemi ƙaramar lambar da 30 da 42 duka ke raba ta ba saura: 210 ce. Wato Farin ya yi zagaye 7, Jan ya yi 5, sannan su cika tare. Tunda 210 ba ta raba 370, daren ba zai tsaya a kaka ba, yawo zai riƙa yi cikin shekara.

Sai bayan kwana 7,770, shekara 21 cif, zai komo ranar da ya faro. A tsakanin nan za a yi haɗuwa 37: shekara 16 suna da biyu-biyu, 5 suna da ɗaya tak. A ganina wannan ya fi abin da kika fara tsarawa daɗi. Ki bar ƙananan haɗuwar su zama daren tsoro da ake rufe ƙofa tun magariba, babban bikin kaka kuwa sau ɗaya a shekara 21. Mutum zai gan shi sau uku ko huɗu a rayuwarsa, tsofaffi su riƙa ƙirga shekarunsu da shi.

Batun kwana goma, hanya uku ce. Ko dai ki yi watsi da su kamar kalandar Hijira, wadda shekararta kwana 354 ce ko 355, shi ya sa azumi ke matsowa da kusan kwana 11 duk shekara har ya zagaye yanayi cikin kimanin shekara 33. A duniyarki zagayen shekara 37 zai ɗauka. Ko ki jingina su a ƙarshen shekara kamar Habasha, masu wata 12 na kwana 30 da ɗan guntun wata mai kwana 5 ko 6. Illar wannan, ɗaya ga wata ba za ta riƙa dacewa da tsayuwar jinjirin wata ba sai sau ɗaya a shekara uku. Ko kuma ki tara su, duk shekara ta uku ki ƙara wata na 13: 360 da 360 da 390, jimla 1,110, daidai da 370 sau uku. Tunda sihirin labarinki a kan wata ya rataya, ta ukun ce taki. Yahudawa ma haka suke yi, suna ƙara wata 7 cikin shekara 19.

Mai duban taurari, Bukuru:
Malam ya gama da lamba, bari in ƙara abin da ido zai gani, don a nan marubuta suka fi tuntuɓe. Cikakken wata yana fitowa ne daga gabas daidai faɗuwar rana. Jinjiri kuwa a yamma ake ganinsa bayan magariba, kafin a jima ya faɗi. Kada ki rubuta jinjirin wata a tsakar ka da tsakar dare. In duka biyun sun cika, to gefe ɗaya suke a sama, kusa da juna, kuma Farin ne ya fi kusa da ƙasa tunda zagayensa ya fi sauri, don haka shi zai iya rufe Jan, ba Jan ya rufe shi ba. In akwai teku a duniyar, a wannan daren ruwa zai fi hawa gaɓa.

Sannan manomi ba ya shuka da wata, 'yar'uwa. Ki ba su lissafin taurari daban, irin wanda malamanmu ke yi: masauki 28, kowanne kwana 13, ɗaya mai 14, ya ba da 365. Naki zai iya zama 37 masu kwana goma-goma. Limaman fada su riƙe wata, manoma su riƙe tauraro, saɓaninsu kaɗai ya isa babi guda.

Mai gyaran rubutu, Rikkos:
Mako fa? Bakwai ba ta raba 30. Ki yi makon kwana 6: biyar a Farin Wata, bakwai a Jan Wata, kuma kowane wata zai fara da rana iri ɗaya ta mako. Ba baƙon abu ba ne, Ibo makon kasuwarsu kwana 4 ne.

Sunayen watanni kuma kada ki ƙirƙiro kalmomi 13 masu wuyar faɗa, mai karatu ba zai riƙe ko uku ba. Ki dubi yadda Bahaushe ya yi: watan Cika-ciki, watan Azumin Tsofaffi, Bawan Salloli. Kowanne abin da ake yi a cikinsa ko kusa da shi ne ya ba shi suna. Wata na 13 ki ba shi suna mai nauyi, a hana ɗaurin aure ko cin bashi a cikinsa.

Kafin ki ci gaba da babi na gaba, ki zana jadawalin shekara 21 a takarda. In haɗuwar farko ta faɗo 15 ga wata na 1, ta biyu 15 ga na 8 ce, a shekara ta biyu na 3 da na 10, a ta uku na 5 da na 12, sai na 6 a shekara ta huɗu. In jadawalinki bai ba da waɗannan ba, ki duba inda kika saka wata na 13.