Masu fitowa a finafinan auren jinsi: fafutuka ce ko haya?

Malam Sani: Jama'a salamu alaikum. Jiya a unguwar Nima ta Accra, nan Gana, ƙanena ya nuna mini wani fim na labarin gaskiya a waya, mata biyu 'yan Kalifoniya suna ba da labarin yadda suka kai ƙara don a amince da aurensu. Wai irin waɗannan finafinai na cikin abin da ya tausasa zukatan Amurkawa kafin kotun ƙolinsu ta halatta auren jinsi a 2015. Ni dai na ce masu fitowa a ciki hayarsu aka ɗauka.

Hajiya Rabi: Wa alaikumus salam. Malam, hukuncin addini a kan luwaɗi da maɗigo ba mu da ja a kai. Amma haya? Nawa za a ba ka ka saka wuyanka? David Kato, mai fafutukar kare 'yan luwaɗi a Yuganda, wata jarida ta buga hotonsa a 2010, ana cikin ɗaukar fim da shi aka kashe shi a gidansa a Janairun 2011.

Malam Sani: Hajiya, ai wasu biza suke nema.

Baba Iddi: Ni abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya daban ne. Bature zai zo da kyamararsa, ya zauna wata biyu, ya koma ya karɓi lambar yabo. Yaron da ya buɗe baki kuma yana nan unguwar Mamobi, gida ɗaya da mutum talatin, famfo ɗaya, banɗaki ɗaya. Wa zai tsaya masa ranar da bidiyon ya shigo WhatsApp?

Awal: Baba, a yi haƙuri in sa baki. Shi ya sa wasu masu fim suka canza salo. Wanda aka yi a kan 'yan luwaɗi da maɗigo na Checheniya ta Rasha a 2020, da kwamfuta aka ɗora wa mutanen fuskokin wasu don kada a gane su. Kuma ni da nake aikin tace bidiyo na sani, murya ma tana tona asiri, balle a zango da kowa ya san tafiyar kowa.

Hajiya Rabi: Ka ji ko Malam? Mai neman suna ba ya ɓoye fuska.

Malam Sani: To me suke nema a nan? Dokar laifuka ta Gana ta 1960 tana nan, sashe na 104 da ya haramta luwaɗi, har shekara uku a gidan yari, kuma kotun ƙoli ta tabbatar da ita a 2024.

Awal: Ƙudirin da majalisa ta zartar ranar 28 ga Fabrairun 2024 ya ma fi haka, don ya tanadi ɗaurin har shekara biyar ga mai tallata lamarin. Shugaban ƙasa na lokacin, Akufo-Addo, bai sa hannu ba har ya sauka. Da ya sa, mai riƙe kyamara ma zai iya shiga ciki. Kun tuna mutum 21 da aka kama a garin Ho a 2021? Taro kawai suke yi, daga baya aka janye tuhumar. Galibin 'yan luwaɗi da maɗigo na nan ba aure suke magana a kai ba, cewa suke kada a doke su a titi.

Baba Iddi: Duka kam babu malamin da ya ce a yi. Amma har yanzu ba a amsa mini ba, Awal. Idan fim ya fita, mai gida ya watso wa yaro kayansa waje, wa zai biya masa kuɗin hayar shekara biyu na sabon ɗaki?

Malam Sani: An kira la'asar. Na janye maganar haya, amma ta biza tana nan.