Muhawara: Shin Google ne ya mayar da taswira ta kowa?

Shugaban zaure: Jiya Injiniya ya yi iƙirarin cewa ƙofar manhaja da Google ya buɗe a 2005, wadda ake kira API, wato hanyar da wasu shafuka ke amfani da taswirar Google a cikin nasu, ita ce ta mayar da taswirar intanet mallakar kowa. Malama ta ce ba ta yarda ba. Injiniya, bismilla.

Injiniya: Ina nan a kan bakana. Kafin lokacin, mai son ɗora bayanansa a kan taswira sai ya nemi manhaja mai tsada da ƙwararren da zai sarrafa ta. A farkon 2005 wani mai tsara manhaja, Paul Rademacher, ya haura katanga, ya ɗora tallan gidajen haya na shafin tallace-tallace na Craigslist a kan taswirar Google, wani mai tsara manhajar kuma, Adrian Holovaty, ya yi haka da rahotannin laifuka na birnin Cikago. Maimakon kamfanin ya toshe hanyar, sai ya buɗe ta ga kowa a watan Yuni, har ya ɗauki Rademacher aiki.

Malama: Injiniya, aro aka ba mu, zanen aro kuwa ba ya rufe katara. Ƙofar tana ba ka damar nuna taswira a shafinka, amma sharuɗɗan sun hana ka kwashe bayanan titunan ka ajiye. A 2018 farashin buɗe taswira sau 1,000 ya tashi daga santi 50 zuwa dala 7, shafukan da ba su haɗa katin biya ba kuma taswirorinsu suka dushe. Wanda ya sakar wa jama'a bayanan shi ne OpenStreetMap, taswirar da 'yan sa-kai ke zanawa, da Steve Coast ya kafa a Ingila a 2004. Bayan girgizar ƙasar Haiti a Janairun 2010, 'yan sa-kai sun zana titunan Port-au-Prince, babban birnin ƙasar, cikin 'yan kwanaki, masu agaji suka sauke taswirar kyauta a na'urorinsu.

Injiniya: Gaskiya ne Malama, sai dai a kan hotunan tauraron ɗan'adam da kamfanoni suka bayar suka yi zanen.

Ɗalibi: Malamaina, a gafarce ni. OpenStreetMap ma ya taƙaita yawan jan hotunan taswira daga sabobinsa, wato kwamfutocin da ke riƙe da taswirar a intanet, domin ɗawainiyarsu da gudummawa ake yi. Idan na sauke bayanan Kano gaba ɗaya, wa zai biya kuɗin sabar da zan ɗora su?

Malama: Kai za ka biya, amma babu mai canja maka sharaɗi ka wayi gari taswirarka ta dushe.