Furodusa ya ce in yi editin a raba kuɗin YouTube, in karɓa?

Ɗan Fagge: Salamu alaikum 'yan uwa. Wani furodusa mai zaman kansa ya kawo min shiri mai dogon zango, kashi 13. Ya ce ba kuɗi a hannu, in haɗa masa, ya riƙa ba ni 20 cikin 100 na abin da tashar ta samu. Tashar sabuwa ce, ko mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo da YouTube ke nema kafin ta fara biyan kuɗin talla ba ta cika ba. Wanda ya taɓa yin irin wannan, ya ta kaya?

Abba Mai Kala: Ka koma manhajar editin ta DaVinci Resolve, akwai na kyauta. Wajen gyaran kala manhajar Premiere ba ta kama ƙafarsa.

Ɗan Fagge: Ba manhaja nake tambaya ba, yayana.

Tsohon Edita: Ɗana, ka gudu. Tun zamanin da ake kai faifan fim kasuwar Ƙofar Wambai ta Kano nake wannan sana'a. Wani ya yi min irin wannan alkawari, da rantsuwa. Hotunan da ya kawo ba lamba, ba tsari, murya daban hoto daban. Da kunne na riƙa daidaita motsin baki da magana, jimla bayan jimla, inji na shan man aljihuna. Da shirin ya karɓu sai ya aiko yaro ya karɓi hadis ɗin, wato na'urar da aka adana aikin a ciki, wai zai kwafa. Sauran kashin sai ya ba wani editan. Ko sunana bai fito a ƙarshe ba. Na bar shi da Allah, amma har gobe abin na ci min rai.

Hajiya Furodusa: Allah ya saka maka, Baba. Amma ba duka aka taru aka zama ɗaya ba. Ni dubu 40 nake biya kowane kashi, kafin a ɗora.

Abba Mai Kala: Dubu 40? Hajiya, a Zoo Road ta Kano yara na yi a dubu 15.

Tsohon Edita: Wancan yanke-yanke ne, ba editin ba.

Mai Kyamara: Ku rubuta yarjejeniya da shaidu, kuma a ba ka damar ganin lissafin tashar da idonka.

Abba Mai Kala: Kai da ake sallama a lokeshan, wato wurin ɗaukar fim, tun kafin rana ta faɗi, me ka sani game da jiran kuɗi?

Ɗan Zinder: A ba shi 20 cikin 100 na jarumar kawai, ya huta. 😂

Hajiya Furodusa: A kiyaye harshe, malam.

Tsohon Edita: Tunda Mai Kyamara ya shigo, bari in tambaye shi. Me ya sa kuke ajiye janareta kusa da inda ake ɗauka? Sai a kawo mana murya cike da gurnani a ce edita ya gyara. Da me?

Mai Kyamara: Baba, wayar wutar ce gajera. Ka tambayi Hajiya wa ke hana kuɗin sayen doguwa.