Yawon ɗanɗana giya a gonakin inabi, ya zan yi?

Ɗan Ƙofar Soro: Salam jama'a, ofis zai tura mu Cape Town taro, a jadawalin an sa zuwa gonakin inabi na Stellenbosch can gindin duwatsu wai ɗan rakiya ya zagaya da mu ana ɗanɗana giya, ni ko ya zan yi?

Hajiyar Daura: Ɗana faɗa masu tun yanzu kai musulmi ne, ba wanda zai tilasta ka.

Malam Na-Kusugu: Ko ba ka sha ba zama teburin ma an hana. Ka wuce unguwar Bo-Kaap kawai, masallacin Auwal na can tun 1794, ga abinci halal.

Ɗan Ƙofar Soro: Na gode Malam, oga ne matsalar wallahi, shi ya biya kuɗin.